Kafin jar fitila ta kama: aikin mai karanta labaran talabijin a Kaduna

Mai kallo minti talatin yake gani: mutum zaune cikin shiga ta kamala, yana zuba magana ba gargada. Awa biyu zuwa uku da aka shafe a ɗakin labarai kafin fitilar kan kyamara ta yi ja ba ya ganinsu, alhali a nan ake rabe wanda zai daɗe a kujerar da wanda za a ɗaga bayan wata uku. Edita ne ya tace labarin, mai fassara ne ya juya shi, amma fuskarka mutanen Rigasa da Barnawa da Kawo suka gani, kuma kai za a tare a kasuwa a ce "jiya ka ce kaza". Don haka duk kalmar da za ta fita daga bakinka sai ka san asalinta, kuma yawancin abin da za mu faɗa a kan wannan shiri na kafin hawa kujera yake.

Ƙofar shiga

Sana'ar ta daɗe a garin nan. A 1962, zamanin Sardauna, kamfanin watsa labarai na Arewa, BCNN, ya buɗe Rediyo Talabijin Kaduna, shekara uku bayan tashar Ibadan ta 1959. Da aka kafa NTA a 1977 sai ɓangaren talabijin ya koma ƙarƙashinta. Dokar 1992 da ta kafa NBC, hukumar kula da kafafen watsa labarai, ita ta ba 'yan kasuwa damar buɗe tasha, DITV kuma tana cikin na farko-farko. Yau mai neman aiki yana da NTA Kaduna, da tashar jiha da ke ƙarƙashin KSMC, hukumar watsa labarai ta jihar, da DITV, da Liberty, ban da tashoshin da ke watsawa ta tauraron ɗan'adam da intanet.

Ana karanta aikin jarida a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, da Jami'ar Jihar Kaduna, da Kaduna Polytechnic, akwai kuma Kwalejin Talabijin ta NTA a Jos. Wanda ya karanta Hausa ko Turanci ko kimiyyar siyasa shi ma yana shiga. Takarda dai bakin ƙofa take kai mutum. Idan ka samu zaman koyon aiki ko bautar ƙasa a tasha, roƙi a tura ka ɗakin labarai, kada ka yarda a ajiye ka ofishin mulki kana jera fayil. Karɓi fassarar da kowa ke gudu, bi ɗan rahoto kotu da majalisa da asibiti. Shawararmu ita ce ka yi aƙalla shekara guda kana fita ɗauko rahoto kafin ka sa ido a kan kujera. Wanda ya taɓa wuni a kotun majistare ba zai karanta "an yanke masa hukunci" a inda aka ce "an gurfanar da shi" ba.

Za a nemi samfurin karatunka. Minti uku ya isa. Jingine waya daidai tsayin idonka, kamar taku biyu daga inda kake zaune, taga tana gabanka, domin in tana bayanka fuska za ta fito baƙi ƙirin. Karanta labari uku masu bambancin yanayi: na gwamnati, na haɗari ko rasuwa, na wasanni. Kada ka sa kiɗa. Idan kana iya Hausa da Turanci yi duka biyun, domin tashoshin Kaduna da harsuna biyu suke aiki kuma mai iya biyun ya fi saurin samun gurbi. Ranar gwaji za a miƙo maka takardar da ba ka taɓa gani ba, an cusa mata sunaye masu wuya da lambobi da gangan. Nemi minti biyar da biro. Masu gwajin suna lura da wanda ya nema.

Murya da sauri

Numfashi daga ciki ake jawo shi. Ɗora tafin hannu a kan cibiya ka shaƙi iska: hannun ne zai motsa, kafaɗa ta tsaya cik. Mai numfashi da ƙirji kafaɗarsa na hawa da sauka a allo, makirufo yana kama hucinsa, iska kuma tana ƙare masa kafin aya. Karanta jarida da ƙarfi minti goma sha biyar kullum, ka ɗauki muryarka, ka saurara.

Auna saurinka da agogo. Karanta labari na minti ɗaya cif, ƙirga kalmomin, maimaita sau biyar ka ɗauki matsakaici. Kalma 150 a minti mizani ne mai kyau na farawa a Hausa. Amfanin sanin lambar shi ne lissafin furodusa, wato mai tsara shirin: in ya ce gabatarwar rahoto daƙiƙa ashirin ce, ka san kalma hamsin ke gare ka, ka datse sauran tun a tebur.

Aibi uku sun fi yawa. Akwai rera labari kamar karatun allo, kowace jimla ta hau ta sauka a wuri ɗaya. Akwai haɗiye ƙarshen jimla, inda sau da yawa suna ko adadi yake. Akwai kuma aron muryar wani shahararren ma'aikacin rediyo, wanda mai kallo ke ganewa nan take. Maganin duka ukun ɗaya ne: fahimci labarin har ka iya faɗa wa maƙwabcinka shi ba takarda, sannan ka karanta da wannan muryar, ka ɗan ƙara mata nauyi.

Da hunturu ƙura tana busar da maƙogwaro. Ajiye ruwan ɗumi ƙarƙashin tebur inda kyamara ba ta gani. Ruwan sanyi da gyaɗa da yaji a bar su sai an sauka, goro ma haka, don yana rina haƙori. Da azumi, labaran da ke gab da shan ruwa su suka fi wuya. Rage surutu tun la'asar, ka ƙara alamun numfashi a takarda.

Takarda, inda aikin yake

Iso awa biyu kafin lokaci. Karɓi jerin labarai daga furodusa, ka karanta kowane labari da ƙarfi, leɓe na motsi, domin ido yana tsallake abin da harshe zai yi tuntuɓe da shi. Sa karan tsaye ɗaya inda za ka ɗan tsaya, biyu inda za ka ja numfashi, ja layi ƙarƙashin kalma ɗaya tak a kowace jimla, wadda ita ce sabon abu. Jimlar da ta wuce kalma ashirin raba ta biyu.

Rubutun boko ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali, kuma nan ne mai karanta Hausa ke da aikin da na Turanci ba shi da shi. "Fari" na iya zama launi, na iya zama rashin ruwan sama. "Gari" na iya zama inda ake zaune, na iya zama na tuwo. "Kuka" itace ne, hawaye ne, kuma "ku" ne a cikin "kuka zo". In ka fara jimla ba ka san ƙarshenta ba, sai ka ɗauki karin da ba shi ba, ka ji kanka bayan magana ta riga ta fita. Sai kuma haruffa masu ƙugiya. Na'urar da ke nuna rubutu a gaban kyamara, wadda ma'aikata ke kira otokiyu, wani lokaci ba ta san ɓ da ɗ da ƙ ba: ko ta nuna ɗan akwati a madadinsu, ko mai bugawa ya zubar da ƙugiyar gaba ɗaya. Daga nan "ƙasa" ta zama "kasa", "ƙara" ta zama "kara", "ɓata" ta zama "bata". Je da kanka wajen mai na'urar minti talatin kafin lokaci ka bi rubutun daga sama har ƙasa. In na'urar ba ta ɗaukar ƙugiya, ku daidaita a kan alama ɗaya, misali babban baƙi a tsakiyar kalma, kowa ya riƙe ta.

Yawancin labarai da Turanci suke isowa, daga kamfanin dillancin labarai na NAN ko sanarwar ma'aikatu, a fassara su cikin gaggawa. Abu huɗu za ka bincika. Na farko jinsi: Turanci yana iya ambaton kwamishina ko likita ba tare da an san mace ce ko namiji ba, Hausa kuwa dole ta ce "ya" ko "ta". Kada ka yi kintace, tambaya. Jihar da ta zaɓi mataimakiyar gwamna, Hadiza Balarabe, a 2019 ba wurin ɗauka cewa kowane mai muƙami namiji ba ne. Na biyu zargi: kalmar da ke nuna zargi ita ce ta fi saurin ɓacewa a fassara, sai "wanda ake zargi da sata" ya koma "ɓarawo", kuma wannan ƙarar ɓata suna ce. Haka "an sallame shi" daban, "an wanke shi" daban. Na uku lambobi: rubuta su da kalmomi. 2.5 biliyan "biliyan biyu da rabi" ce. 150,000 kuma a ce "dubu ɗari da dubu hamsin", domin "dubu ɗari da hamsin" kunne na iya jin 100,050. Koma kan takardar asali ka tabbatar sha biyar ba ta rikiɗe ta zama hamsin ba, don a Turanci sautinsu ya yi kusa. Na huɗu ginin jimla: in ka ji fassarar tana tafe da ƙafar Turanci, mai magana can a ƙarshe bayan doguwar magana, juya ta. Bahaushe yana son ya san wa ya faɗa kafin ya ji abin da aka faɗa.

Hausar titin Kaduna ta haɗa kowa da kowa, kuma tana yawan sakin jinsi da ƙugiya, a ce "mota ya zo". Ta yi daidai a tasha da kasuwa. A kan tebur daidaitacciyar Hausa ake so, don a Katsina da Maraɗi ma ana iya kallonka.

Sunaye da sarautu

Jihar na da ƙananan hukumomi 23, kuma wajibi ne bakinka ya saba da dukkansu. Kaura da Kauru wurare biyu ne. Kajuru da Kachia da Kagarko ba a musanya su. Jema'a tana da tsayawar maƙogwaro a tsakiya. Al'ummu da dama sun fi son sunan da suke kiran kansu da shi: Bajju, Atyap, Ham, Adara, Gbagyi. Tsofaffin sunayen da aka saba ji a Hausa suna ɓata wa wasu rai, kuma amfani da sunan da mutum ya zaɓa ba ya rage ka da komai. Sarautunsu ma haka: Agwatyap, Agwam Bajju, Kpop Ham. In ba ka iya furta "kp" da "gb" ba, nemi abokin aiki ɗan yankin ya faɗa maka sau uku, ka rubuta yadda kunnenka ya ji a gefen takarda. Buɗe littafi na musamman don wannan. Cikin shekara guda zai fi kowane kundi amfani a ɗakin.

Mai Alfarma na Sarkin Musulmi ne, Mai Martaba na sarakuna irin Sarkin Zazzau, Mai Shari'a na alƙalai. A labarai ambaci muƙami da suna sau ɗaya, daga nan "gwamnan" ko "sarkin" ya wadatar. Jero kirari aikin sanƙira ne.

Shiga

Kyamara tana da abin da ba ta so. Farar shadda mai maiƙo tana mayar da hasken fitila, sai kyamara ta rage haske, fuska ta dushe. Yadi mai siraran layuka ko ƙananan gidaje yana rawa a allo. Leshi mai duwatsu yana walƙiya. In bangon sutudiyo kore ne, wanda ake ɗora hoto a kansa da kwamfuta, duk koren da ke jikinka zai ɓace, har zaren aikin hula. Shuɗi mai duhu, ruwan toka, ruwan ƙasa da ruwan goro sun fi zama lafiya.

Ɗan makirufon da ake maƙalawa a ƙirji a sa shi kamar taƙi ɗaya ƙasa da haɓa, wayarsa ta bi ta cikin riga. Shaddar da ta sha sitati tana ƙara in ta goge shi. Ke mai gyale ko hijabi, maƙala shi a waje, ki kafe mayafin da fil don kada ya riƙa shafarsa duk juyawar da kika yi. Awarwaro kuma a cire, yana bugun tebur. Mai doguwar hula ko babban ɗauri ya zauna da wuri don mai kyamara ya gyara sararin sama da kai. Hoda ta kowa ce, maza da mata: goshi da hanci da kumatu, domin fitila da zafin Maris da Afrilu suna fito da maiƙo cikin minti biyar.

Cikin sutudiyo

Zauna minti goma kafin lokaci. Matsa gaban kujera, zauna kan bayan rigarka don kada wuyanta ya tattare, tafin ƙafa biyu a ƙasa. In kujerar mai juyawa ce a kulle ta. Gwada sauti da ainihin labarin farko da ainihin muryar da za ka yi amfani da ita. Mai cewa "ɗaya, biyu" a hankali sannan ya buɗe murya yana sa sauti ya fashe a kanun labarai. Tambayi yaushe aka sa batirin makirufo. Kashe waya gaba ɗaya. Daga lokacin da aka maƙala maka makirufo ɗauka a buɗe yake, har a lokacin talla.

Mai kula da fage zai ƙirga da yatsu daga biyar, na ƙarshe ba murya, ya nuna ka. Juya yatsa a iska na nufin yi sauri ko naɗe, jan hannu biyu kamar ana miƙe roba na nufin ja lokaci, hannu a wuya na nufin yanke. Alamun kan ɗan bambanta daga tasha zuwa tasha, don haka a tambaya ranar farko. Mai tura otokiyu shi ke bin saurinka. In ka bi nasa, shi kuma ya ƙara don ya ga ka ƙara, sai ku yi ta tsere har numfashi ya ƙare. Karanta layin da ke daidai inda idon kyamara yake a bayan gilashin, ka riƙa ƙifta ido kamar mai hira.

Takardar hannu ba ado ba ce. A buga ta da manyan haruffa, fuska ɗaya, labari ɗaya a shafi, da lamba, ba a ɗinke ba. Duk labarin da ya wuce zame shafinsa gefe, babban yatsa yana kan wanda ake ciki. In aka ɗauke wuta, kafin janareta ya ɗauka otokiyu na iya mutuwa ko ya koma farko, kuma wanda ya bi takardarsa kansa kawai zai sunkuyar ya ci gaba.

A kunnenka akwai ɗan abin ji wanda darakta ke magana ta ciki kana tsakiyar karatu. Ana koyon wannan a gida: kunna rediyo, karanta jarida da ƙarfi minti biyu, sannan ka faɗi abin da rediyon ya ce. Kada ka gyaɗa kai in an yi maka magana, mai kallo bai san da wa kake ba.

Idan ka gabatar da rahoto bai fito ba, ƙirga uku a zuci kana duban takarda, ɗago ka ce "za mu kawo muku wannan rahoto nan gaba kaɗan", ka wuce. Tuntuɓen harshe a wuce shi. Kuskuren suna ko adadi ko wuri kuwa a gyara nan take: "afuwan, mutum goma sha biyar". Kuma duba labarin da ke biye kafin ka saki fuska, kada murmushin wasanni ya bi ka cikin labarin rasuwa.

Ranar da gari ya ɗau zafi

Wannan jiha ta ga Kafanchan a 1987, Zangon Kataf a 1992, rikicin 2000, na 2002 wanda rubutun jarida ya kunna, da na bayan zaɓen 2011. Masu kallonka a ɓangarori biyu na kogin Kaduna suna cikin waɗanda suka binne 'yan'uwa, kuma suna auna kowace kalma. Labarin da ya shigo kana kan kujera, faɗi abin da aka tabbatar da wanda ya tabbatar: rundunar 'yan sanda ce, hukumar agajin gaggawa ce, ko ganau ne. Adadin mamata kullum a jingina shi ga mai faɗa, in majiyoyi sun saɓa a faɗi duka biyun. Addini ko ƙabilar wanda ake zargi ba ya shiga sai in labarin ba zai fahimtu ba sai da shi, kuma edita ne zai yanke wannan. Bidiyon WhatsApp ba majiya ba ce. Sanarwar hana fita a karanta ta sau biyu, da awanni da sunayen ƙananan hukumomi daidai yadda aka rubuta, domin wani da ita zai yanke shawarar fita neman abinci.

Sakamakon zaɓe na INEC ne, ganin wata na fadar Sarkin Musulmi ne, rasuwar babban mutum sai iyali ko fada ko gwamnati ta tabbatar. Doka ta hana watsa kamfen cikin awa 24 kafin ranar zaɓe. Yaron da aka ci zarafinsa ba a faɗin sunansa ko layinsu ko makarantarsu. In an miƙo maka abin da ya saɓa wa waɗannan, faɗa wa furodusa kafin a shiga, cikin ladabi, ka kawo gyaran da kake gani.

Rayuwar aikin

Mai shirin safe yana tasha tun kafin asuba, mai labaran dare yana komawa gida bayan goma, Sallah da Kirsimeti kuma ranakun aiki ne. Tambayi ko akwai motar mayar da ma'aikatan dare kafin ka karɓi aiki, musamman in gidanka na nesa kamar Mararraban Rido ko Rigachikun. A tashar gwamnati albashi bisa matakin aiki yake, mai digiri yana farawa a mataki na 8, ana ritaya a shekara 60 ta haihuwa ko 35 ta aiki. A tasha mai zaman kanta ciniki ne, wasu kuma ana biyansu ne bisa kowane shiri. Ko wanne ne a rubuta: nawa, yaushe, kuɗin sutura na wa. Shiga ƙungiyar 'yan jarida, NUJ, ko ta ma'aikatan rediyo da talabijin, RATTAWU, tana da rana idan aka samu saɓani.

Fuskar ta fi aljihun suna, kuma nan jarrabawar take. Jagorancin taro, naɗar muryar talla da fassara hanyoyi ne na halal in tasha ta amince. Riƙe makirufo a gangamin jam'iyya kuwa, ko karɓar ambulan "na mai" daga wanda gobe za ka karanta labarinsa, yana cinye amanar da ita ce jarinka. Shafinka na Facebook ma masu kallo labarai suke ɗaukarsa.

Kujerar ba ta dawwama, saboda haka koyi rubutu, tace hoto da shirya shiri tun kana kanta. Daga nan ake zama edita, furodusa, shugaban sashen labarai, ko a wuce sashen Hausa na BBC, DW ko RFI. Kowane mako karɓi kwafin karatunka ɗaya ka kalle shi sau biyu: sau ɗaya ba sauti, don ganin kai da ido da hannu, sau ɗaya ido a rufe, don jin numfashi da ƙarshen jimla. Rubuta aibi ɗaya kawai a saman takardar gobe, ka yi mako kana bin sa kafin ka ɗauko na gaba.